Ina Yaron Ɗanlasan Zai Koyi Wasa Yau?

Rabilu Musa, wanda duk ƙasar Hausa ta sani da Ibro, ba ɗan birni ba ne. A Ɗanlasan aka haife shi a 1971, cikin ƙaramar hukumar Warawa ta yanzu. Nan ya yi firamare, ya wuce Kwalejin Horon Malamai ta Wudil, ya yi aikin gandiroba na wasu shekaru, sannan ya ajiye kaki ya kama wasan kwaikwayo gadan-gadan, yana fitowa, yana shiryawa, yana waƙa. Allah Ya karɓi ransa a watan Disamba na 2014 yana da shekara 40 da 'yan kai. Allah Ya jiƙansa da rahama.

A ganina ba a yi ɗan wasan da mutanen karkara suka riƙe a matsayin nasu kamarsa ba. Zamanin kaset, in mai gidan kallo yana son bencinsa ya cika ranar kasuwa, ya san abin da zai saka. 'Yan birni suna yi wa irin finafinansa kallon raini, suna ce musu camama, wai ba labari, ba tsari, ba a kashe musu kuɗi ba. Mu a nan abin da muke gani daban ne. Muna ganin maigidan da ke cika baki a majalisa, ya shiga gida ya yi laƙwas. Muna ganin mutumin ƙauye da ya shiga birni yana tsoron a cuce shi har ya cuci kansa da kansa. Mutanenmu ne, da tafiyarsu da karyar hularsu da yadda suke jan magana. Ba duk abin da ya yi nake karewa ba, akwai ba'ar da ta wuce gona da iri. Amma wanda ya lura zai ga salonsa salon dandali ne, irin na 'yan kama da masu tashe, na mutumin da ya san yadda ake riƙe taro da ido da murya da ɗan shiru a inda ya dace.

Abin da ya dame ni shi ne wannan: in yau Allah Ya ba wani yaro irin wannan baiwa a Ɗanlasan, ko Garko, ko Kiyawa, ina zai je ya koya, kuma wa zai ce masa nan ka yi daidai, nan ka kauce? Babu. Abin da ke gabansa waya ce kawai. Zai jingina ta da bango, ya yi abin da ya ga dama, ya tura TikTok, ya zauna yana ƙirga masu kallo. In abin ya yi muni mu taru mu tsine masa, hukuma ta kama shi. Ni kuwa ina ganin laifin namu ya fi nasa, domin mu muka bar wurin koyon ya mutu.

Duk manyan da muke tinƙaho da su a wannan fanni ta gaban jama'a suka biyo, ko ta hannun wani mai ba da umarni da ya hora su. Malam Aminu Kano tun yana ɗalibi a Kwalejin Kaduna yake rubuta wasanni ana yi, da ya zama malami a Bauci ma bai bari ba, da su yake caccakar zalunci da danniya. Umaru Ladan, shi da Dexter Lyndersay, sai da suka mayar da littafin Shaihu Umar na Abubakar Tafawa Ɓalewa wasan daɓe, kafin Adamu Halilu ya mayar da labarin fim a 1976, Umaru Ladan ɗin ya fito a matsayin Shaihun. Ƙasimu Yero na Zariya, wanda ya rasu a 2017, da Usman Baba Pategi, wato Samanja, wanda ya rasu a 2023, gidajen rediyo da talbijin na gwamnati ne suka raine su, a lokacin da ake zama a yi gwaji, a maimaita, kafin a kunna kyamara. Ita kanta Kannywood daga ƙungiyoyin dirama ta fito. Fim ɗin da ake lissafawa a matsayin na farko, Turmin Danya na 1990, ƙungiyar Tumbin Giwa ce ta yi shi, kuma 'yan wasan daɓe ne tun kafin su san kyamara. Manomin Kadawa ba ya watsa irin tumatir kai tsaye a fili. Sai ya raine shi a bedi, yana ba shi ruwa da awo, yana cire mai rauni, in ya yi ƙwari sannan a dasa. Dandali shi ne bedin ɗan wasa, mu kuma yanzu watsawa muke yi a fili, muna mamakin abin da ya fito.

Ni malamin Hausa ne a wata sakandaren jeka-ka-dawo a gabashin Kano, kuma na taɓa shirya wasa da ɗalibai, don haka ba da ka nake magana ba. Labarin da muka ɗauka na bashin taki ne, abin da kowane gida a garin ya sani: manomi ya karɓi taki da damina, kaka ta yi ya biya da buhunan da suka ninka kuɗin. Yaron da na ba matsayin mai ba da bashin ɗan aji biyar ne, a darasi ba ya cikin na gaba, amma in ya buɗe baki a filin makaranta sai ka ga an kewaye shi. Ranar wani gwaji a ajin da muka ture bencina gefe, sai ya shigo da wani abu da ba ya cikin takarda. Ya fara magana da in'ina, yana karkata wuya, kowa ya gane wa yake kwaikwayo, wani mai shayi ne a bakin kasuwa. Yara suka faɗi ƙasa don dariya. Na tsayar da wasan.

Ya ce, "Malam, ai wannan ne ya fi ba da dariya."

Na ce, "Na gani. Ɗansa yana wane aji?"

Ya yi shiru, sannan ya ce, "Aji biyu, Malam."

Na ce, "To ranar wasa a ina zai zauna?"

Bai ba ni amsa ba, ya sunkuyar da kai. Na ce masa ya je ya nemo dariyar a jikin halin mutumin da yake wakilta, ya bar halittar da Allah Ya yi wa wani. Da ya dawo, ga abin da ya zo da shi: mai bashin nan yana awo da tiya, babban yatsansa a cikin kwanon in zai bayar, in kuma zai karɓa sai ya tula har yana tarewa da tafin hannu, bakinsa kuma bai daina salati ba. In zai ƙirga kuɗi sai ya juya wa manomin baya, ya lashi yatsa, ya waiwayo. Ranar wasan, da iyaye da dagaci da limamin gari a zaune, wurin awon nan ne aka fi yin dariya, kuma dariya ce mai ɗaci, don kowa ya san an taɓa yi masa. Wata tsohuwa daga bayan taro ta ɗaga murya ta ce, "Cire yatsan, ɗan nan, Allah na ganinka!"

Wannan shi ne aikin darakta, kuma shi ne abin da waya ba za ta taɓa yi ba. Mutane suna ɗauka darakta shi ne mai ihun a fara, a tsaya. A dandali aikinsa tarbiyya ce. Shi ke koya wa yaro kada ya juya wa jama'a baya, ya ɗaga murya har na ƙarshen taro ya ji ba tare da lasifika ba, ya jira dariya ta lafa kafin ya ci gaba, ya haddace maganarsa, ya zo a kan lokaci don mutum goma na jiransa, ya yarda a ba shi matsayin ɗan aike alhali yana jin ya isa sarki. Sama da duka, shi ke koya masa bambanci tsakanin yi wa mugun hali dariya da yi wa mutum dariya. Sannan su kansu 'yan kallon malamai ne. Wanda zai yi wasa a gaban mahaifiyarsa da malamin allonsa da surukin yayansa, akwai abin da bakinsa ba zai iya furtawa ba, ba sai an kafa masa doka ba. Mai wasa da waya ba ya ganin fuskar kowa. Abin da yake gani lamba ce, kuma lambar ta fi hawa in ya yi rashin kunya. Yaro ɗan shekara 17 da ba wanda ya taɓa zaunar da shi, me kake zaton zai zaɓa?

Shekarar da ta biyo baya na nemi a sake, shugaban makarantar ya ce a bari, wai wasu iyaye sun yi ƙorafin ana koya wa 'ya'yansu zama 'yan fim. Daga nan ba a sake ba. Abin ya yi mini ciwo, har yanzu kuma yana yi, domin a manhajar Hausa da muke koyarwa wasan kwaikwayo kaso ne guda cikin adabi, tare da zube da waƙa. Yara suna haddace sunayen taurari da jigo da salo don jarrabawar WAEC da NECO, su gama sakandare ba su taɓa ganin an tashi tsaye an yi wasa ko na minti goma ba. An rubuta wasan ne don a yi shi, mu kuma mun mayar da shi abin karantawa a zaune.

Dubi kuma inda hukuma ta sa ƙarfinta. A 2001 aka kafa hukumar tace finafinai ta Kano. A 2008, lokacin da aka tsananta, shi kansa Ibro sai da aka yanke masa hukuncin zaman gidan yari, tsohon gandiroba ya koma ciki a matsayin fursuna. A 2016 gwamnatin tarayya ta zo da maganar gina alƙaryar fim a Kofa, cikin ƙaramar hukumar Bebeji, aikin da aka ce zai ci kusan naira biliyan 3, malamai suka yi ca a kai, aka janye. A 2022 wata kotu a Kano ta yanke wa wasu samari biyu 'yan TikTok hukuncin bulala. A 'yan shekarun nan kuma rundunar 'yan sandan Kano ta sha sanar da dakatar da tashe. Ba na cewa kada a tace, al'ummar da ba ta da iyaka ba al'umma ba ce. Amma duk waɗannan matakai a ƙarshen hanya suke tsaye, suna jiran yaro ya riga ya lalace. Ko alƙaryar Kofa da an gina ta, waɗanda suka riga suka yi suna ne za su amfana, ɗan aji biyar ɗin nan nawa ba zai ko san ƙofarta ba. Ba a taɓa zama an ce ga abin da za a kashe a farkon hanya ba.

Maganar tashe ta fi ci mini rai. Gaskiya ne a wasu unguwannin birni 'yan daba sun shiga rigar tashe suna ƙwacen waya da sare-sare, kuma ba mai hankalin da zai ce a zuba musu ido. Amma sanarwar in ta fito a rediyo har ƙauye take isowa, inda ba a san wannan fitina ba, sai mai unguwa ya ce shi ma ba ya son rigima, a bari. Tashe kuwa shi ne makarantar farko. Daga goma ga azumi yara ke fita, wannan ya manna gemun auduga ya zama tsoho mai tokara sanda, wancan ya rataya tarkacen saiwoyi ya zama Jatau mai magani, 'yan mata su yi Mairama da Daudu, ɗaya ta sa babbar riga da hula ta zama miji, a nuna yadda zaman aure yake. Ba wanda ya rubuta musu, amma akwai babba a cikinsu da ke cewa kai tsaya nan, ke shigo yanzu. Darakta ke nan tun bai san sunan aikin ba. Kalankuwa da samari ke yi bayan kaka, inda ake naɗa sarki da alƙali da 'yan doka na wasa, ita ma ta ja baya a yawancin garuruwa. In aka haɗa da mutuwar kulob ɗin dirama a makarantu, sai ka ga duk ƙofofin a rufe suke.

Na san abin da wasu malamanmu da iyayenmu za su ce, kuma ba na raina shi. Za su ce cuɗanyar maza da mata, za su ce fitar dare, za su ce wasa ƙofar fim ce, fim kuma sun ga abin da ya jawo. Tsoronsu yana da tushe, don sun ga 'ya'yan mutane sun bar gida sun tafi birni da sunan fim sun dawo ba yadda suka tafi ba. Amma duk abin da suke tsoro, wasan makaranta ne ya fi sauƙin tsarewa daga gare shi. Da rana ake yi, bayan la'asar, a filin makaranta, malami na tsaye. A makarantar mata, mata ne ke yin duk matsayin, kamar yadda suke yi a tashe tun kaka da kakanni, a ta maza kuma maza. Liman yana iya ganin takardar kafin a yi. Wanne ya fi wannan tsabta, shi ko yaron da ke kulle a ɗaki da waya ƙarfe ɗayan dare? Hana wasan bai kashe sha'awar a zuciyar yaro ba, ya dai kore ta ne zuwa inda ba mai gani. Kuma Malam Aminu da ya yi wasan kwaikwayo malamin tafsiri ne, bai ga cewa ɗayan ya kore ɗayan ba.

Akwai kuma amfanin da ya wuce na horar da 'yan wasa. Tun a shekarun 1970 malamai da ɗaliban Jami'ar Ahmadu Bello suke fita ƙauyukan ƙasar Zazzau irin su Soba da Bomo, su zauna da manoma, su ji damuwarsu, a mayar da ita wasa, manoman su shiga ciki su yi gardama a kan mafita. Abin da mutum ba zai iya faɗa wa dagaci ko jami'in gona ido da ido ba, a wasa sai ya faɗa, kowa ya yi dariya, saƙo kuma ya isa. Yau matsalolinmu sun fi na wancan lokaci yawa: shaye-shayen samari, rikicin manoma da makiyaya in kaka ta zo, tsadar aure, yaran da ake cirewa daga makaranta. Ana kashe kuɗi a buga alluna da fastoci da rabin garin ba sa iya karantawa, alhali ga hanyar da kakanninmu suka sani.

Abin da nake nema ba mai tsada ba ne. Ma'aikatun ilimi na Kano da Jigawa su mayar da shi wajibi kowace sakandare ta yi wasa ɗaya a shekara a gaban iyaye, a rubuce cikin jadawalin zango, don kada ya zama sai shugaban makaranta ya ga dama. Kano na da ƙananan hukumomi 44, Jigawa 27. Kowace ta shirya gasa tsakanin makarantunta bayan an gama girbi, lokacin da mutane ke da sukuni da ɗan abin hannu, waɗanda suka yi fice su haɗu a shiyya. Ba a buƙatar gini. Fili, tabarmi, zana biyu da za a kafa a matsayin bango, shi ke nan. Kuɗin da ake kashewa a taron siyasa guda ya ishi ƙaramar hukuma ta yi wannan shekara da shekaru.

Masu koyarwar ma muna da su, muna kallo suna lalacewa. Kusan duk shekara sai an yaɗa bidiyon wani tsohon ɗan wasa yana kwance ba lafiya ana nema masa taimako, mu yi ta jimami, a tara ɗan abin da aka tara, a manta. Waɗannan mutane, da suka yi zamanin diramar gidajen talbijin na CTV Kano da NTA da ƙungiyoyin wasan daɓe, ilimi ne a cikinsu wanda ba ya cikin littafi. Maimakon sadaka bayan sun kwanta, a ɗauke su aiki tun suna tsaye, kowane a ba shi makarantu kaɗan yana zagayawa, a biya shi alawus a wata. Ya samu abin rufin asiri da mutuncinsa, yara su samu wanda ya san aikin fiye da ni da na koya a takarda. Jami'ar Bayero tana da sashen koyar da wasan kwaikwayo, ɗalibansa za su iya yin aikin gwajinsu a Ajingi da Takai da Ringim maimakon su tsaya a cikin harabar jami'a. Su kuma manyan Kannywood da ke kukan ba a ɗaukar sana'arsu da daraja, ga inda za su fara: kowane ya ɗauki nauyin gasar ƙaramar hukumar da ya fito, ya zo ya zauna a kujerar alƙalanci, iyaye su gan shi da rana tsaka yana gyara wa 'ya'yansu magana.

Tashe kuma a daina yi masa hukunci ɗaya daga Fagge har Sumaila. Inda ake ɓarna a hana, a kama masu yi. Inda ba a yi, a bar wa dagatai da masu unguwanni su tsara, yara su fita rukuni-rukuni da babba a tare da su, a tashi kafin dare ya yi nisa. Wannan ba ya buƙatar ko sisi daga baitulmali, sanarwa ce kawai da za a gyara lafazinta kafin azumi mai zuwa.